Me ya kai ɗan Gummi teku? Abin da na karanto a kafaɗar Bayis Admiral Awwal Gambo

Ranar da labari ya fito cewa Shugaba Tinubu ya sauya manyan hafsoshin tsaro, a ƙarshen watan Oktoban 2025, ina gida Gummi. Da daddare muna zaune a majalisar ƙofar gidanmu, kowa ya duƙufa a kan wayarsa, sai wani ƙanena, ɗan kawuna da bai daɗe da gama sakandare ba, ya miƙo mani hoton wani mutum cikin fararen kaya, ƙirjinsa cike da lambobi. Ya ce, "Yaya, wallahi irin wannan kakin nake so."

Kafin in buɗe baki, Kawu da ke kishingiɗe a kan tabarma ya ɗago kai ya ce, "Kai tafi can! Mi ya kai ɗan Gummi ga teku? Kai da ko gulbi ba ka ƙetarawa sai an sa ka kwale-kwale." Majalisa ta kwashe da dariya, har da ni.

Amma tambayar Kawu ta kwana a raina. Mutumin da ke cikin hoton shi ne Idi Abbas, sabon Babban Hafsan Sojin Ruwa na Najeriya, kuma ɗan ƙaramar hukumar Nasarawa ne a Kano. Kano dai ba ta da teku. Wanda ya riƙe wannan kujera daga 2021 zuwa 2023, Bayis Admiral Awwal Zubairu Gambo, shi ma daga wannan ƙaramar hukuma ya fito.

Na san kai ma ka ga irin hoton nan. Wataƙila har ka ɗora shi a WhatsApp ko Facebook, ka rubuta "Masha Allah, namu ya samu", ka jera tutoci da zukata, ka wuce. To amma in na tsayar da kai na ce, igiyoyin zinaren da ke hannun rigarsa me suke nufi? Haruffan nan da ake jerawa bayan sunansa, CFR da GSS da psc, wa ya ba shi, kuma a kan me? Shekara nawa ya yi kafin ya kai nan? Yawancinmu shiru za mu yi. Ni ma da shiru zan yi, sai da na zauna na bi tarihin Gambo daga farko har zuwa ranar da ya miƙa tuta. Na zaɓe shi ne domin shi ya riga ya gama aikinsa, ana iya karanta labarin tun daga tushe.

Yaron Gwagwarwa

An haifi Awwal Zubairu Gambo ranar 22 ga Afrilun 1966. Ya yi firamare a Gwagwarwa, ya yi sakandare a Kwalejin Rumfa da ke cikin birnin Kano. Duka makarantun gwamnati ne, irin waɗanda ni da kai muka zauna a cikinsu. Wani abin sha'awa, shi ma Idi Abbas a firamaren Gwagwarwa ya fara, kafin ya wuce makarantar sakandaren sojin sama da ke Jos.

Ranar 24 ga Satumban 1984 Gambo ya shiga Makarantar Horar da Hafsoshin Soja ta Kaduna, wato NDA, cikin rukuni na 36. Yana da shekara 18 a lokacin. Bayan shekara huɗu cif, ranar 24 ga Satumban 1988, aka ƙaddamar da shi a matsayin Sab-Laftanar. Fannin da ya ƙware a kai shi ne yaƙin ƙarƙashin ruwa, ya haɗa da harkar tattara bayanan sirri. Ya yi kwasa-kwasai a makarantar sojin ruwa ta NNS Quorra da ke Legas, ya yi ƙaramin kwas da babban kwas na hafsoshi a Jaji, ya je Kwalejin Tsaro ta Afirka ta Kudu. Ya kuma koma jami'a ya yi digiri na biyu a fannin tafiyar da harkar sufuri a Jami'ar Fasaha ta Ladoke Akintola da ke Ogbomoso.

Ranar 26 ga Janairun 2021 Shugaba Muhammadu Buhari ya naɗa shi Babban Hafsan Sojin Ruwa, ya gaji Ibok-Ete Ibas. A lokacin yana Riya Admiral, yana riƙe da sashen sayen kayayyaki a Hukumar Sararin Samaniya ta Tsaro, wurin da ko sunansa yawancinmu ba mu taɓa ji ba. A watan Maris na shekarar aka ƙara masa girma zuwa Bayis Admiral. Ya sauka a watan Yunin 2023, Emmanuel Ogalla ya gaje shi.

Yanzu ɗauki biro ka yi lissafi. Daga 1984 zuwa 2021 shekara 36 ke nan da 'yan watanni. A kan kujerar kuma shekara biyu da kusan wata biyar kawai ya yi. Wato hoton da kake yaɗawa na ɗan guntun lokacin nan ne na ƙarshe. Shekarun da suka gabace shi babu wanda ya ɗora su a waya, kuma a cikinsu labarin yake.

Tsanin da ake hawa

Sojin ruwa suna da sunayen muƙamansu daban, shi ya sa muke yawan ruɗewa. Bari mu jera su kusa da na sojin ƙasa da muka fi sani.

Sab-Laftanar, inda Gambo ya fara, igiyar zinare ɗaya ce a hannun riga. Daga nan sai Laftanar mai igiya biyu, wanda yake daidai da Kyaftin a sojin ƙasa. Sai Laftanar Kwamanda, igiya biyu da siririya a tsakaninsu, shi ne takwaran Manjo. Kwamanda igiya uku, daidai da Laftanar Kanar. Sai Kyaftin mai igiya huɗu.

A nan mutane suka fi yin kuskure. Kyaftin na ruwa ba sa'an Kyaftin na ƙasa ba ne. Na ruwa daidai yake da cikakken Kanar, ya ba na ƙasa tazarar matakai uku. Don haka in ka ji an ce Kyaftin wane na sojin ruwa, ka gyara tsayuwa.

Daga nan aka shiga sahun masu taurari. Komodo tauraro ɗaya, igiya ɗaya mai faɗi, takwaran Birgediya Janar. Riya Admiral taurari biyu, Manjo Janar ke nan. Bayis Admiral taurari uku, igiya mai faɗi da sirara biyu a samanta, daidai da Laftanar Janar. Wannan shi ne muƙamin da shugaban sojin ruwa ke riƙewa. Sama da shi sai cikakken Admiral mai taurari huɗu, wanda kaɗan ne suka taɓa kai wa a Najeriya. Cikinsu akwai Ibrahim Ogohi, Babban Hafsan Tsaro daga 1999 zuwa 2003, da Ola Sa'ad Ibrahim, wanda ya riƙe wannan kujera daga 2012 zuwa farkon 2014.

Kowane mataki yana da shekarun da sai ka cika su, da jarrabawa ko kwas da sai ka ci, da rahoton da na gaba da kai ke rubutawa a kanka duk shekara. Tsanin kuma ƙara tsukewa yake yi yayin da ake hawa. Cikin waɗanda suka shiga NDA rana ɗaya, wasu za su tsaya a Kwamanda, wasu a Kyaftin, wasu su rasu a bakin aiki. Akwai kuma al'adar soja ta cewa in aka naɗa ƙaninka a aiki ya zama shugaban runduna, ku da kuka riga shi shiga sai ku tattara ku yi ritaya. Shi ya sa duk sanda aka sauya hafsoshin tsaro za ka ji manyan janar-janar da dama sun ajiye kaki a lokaci guda.

Kada kuma mu yaudari kanmu. Matakin ƙarshe naɗin shugaban ƙasa ne, Majalisar Dattawa ta tantance. Akwai lissafin yanki a ciki, akwai siyasa, akwai rabo. Sai dai shugaban ƙasa ba ya ɗauko mutum daga majalisar shayi. Cikin waɗanda suka riga suka hau tsanin har kusa da ƙarshe yake zaɓa.

Haruffan bayan suna

In ka ga takardar da Gambo ya sa wa hannu, za ka tarar da jerin haruffa bayan sunansa kamar lambar mota. Ba nauyinsu ɗaya ba, kuma ba wuri ɗaya suka fito ba. Ana iya kasa su gida uku.

Kashi na farko lambar girmamawa ce ta ƙasa. CFR da ke gaba ita ce ya karɓa daga hannun Buhari a watan Oktoban 2022, tare da sauran shugabannin rundunoni. Dokar lambobin girmamawa ta 1964 ce ta kafa wannan tsari. GCFR ce a sama, wadda aka saba bai wa shugabannin ƙasa. GCON na biye mata, wadda mataimakan shugaban ƙasa da makamantansu ke samu. CFR ce ta uku, sannan CON, OFR, OON, MFR da MON. Wannan ba ta soja kaɗai ba ce, ana bai wa sarakuna da malamai da 'yan kasuwa da 'yan wasa.

Kashi na biyu lambobin aikin soja ne. Akwai taurari huɗu da ake bayarwa bi da bi gwargwadon daɗewar hafsa a aiki ba tare da tabo a fayil ɗinsa ba: FSS, sai MSS, sai DSS, sai GSS wadda ita ce babba. Gambo yana da GSS. Yana kuma da AM, lambar da ta keɓanta da rundunar ruwa.

Kashi na uku shaidar karatu ce, shi ya sa galibi ake rubuta su da ƙananan haruffa. In ka ga psc, mutum ya ci kwas ɗin manyan hafsoshi irin na Jaji. In ka ga fdc, ya wuce Kwalejin Tsaro ta Ƙasa da ke Abuja. In ka ga mni, ya je Cibiyar Nazarin Manufofi ta Kuru kusa da Jos. Shi Gambo ensp yake ɗauke da ita, shaidar kwas ɗin tsaron da ya yi a Afirka ta Kudu.

Ka ga ke nan ba kowace lamba ce ke cewa mutum ya yi jarumta a fagen daga ba. Wata shaida ce ta daɗewa, wata ta karatu, wata kuma kusan tare take zuwa da kujera. Wannan bai rage musu daraja ba, domin shekara talatin da wani abu ba tare da an kore ka ko an rage maka girma ba ba wasa ba ne. Amma in kana son ka auna shugaba, sai ka ɗaga ido daga ƙirjinsa ka duba abin da ya faru a zamaninsa.

Me ya faru a zamaninsa?

Gambo ya karɓi aiki a lokacin da ruwan Mashigin Gini, wato tekun da ke kudu da mu, ya yi ƙaurin suna a duniya. Hukumar ƙasa da ƙasa mai bibiyar fashin teku, IMB, ta ce cikin ma'aikatan jirgi 135 da aka yi garkuwa da su a duniya a 2020, 130 a wannan yanki aka sace su. Kwana uku kafin naɗa shi, 'yan fashi suka hau wani jirgin dakon kaya mai suna Mozart, suka kashe mutum ɗaya, suka tafi da Turkawa 15. Mu da muka fito daga Zamfara ba sai an yi mana bayanin garkuwa da mutane ba. Sana'ar ɗaya ce, can a kan ruwa ake yin ta, nan a kan babur.

A 2021 adadin waɗanda aka sace a yankin ya sauka zuwa 57, kuma a watan Maris na 2022 rundunar ta sanar cewa an cire Najeriya daga jerin ƙasashen da fashin teku ya addaba. Abubuwa da yawa ne suka haɗu. A watan Yunin 2021 aka ƙaddamar da shirin Deep Blue na hukumar NIMASA, mai jiragen ruwa da na sama na sintiri. A watan Yuli aka buɗe Falcon Eye, tsarin na'urorin hangen nesa da aka jera a gaɓar teku, masu nuna wa ma'aikaci a ofis motsin jiragen da ke ruwanmu. A wannan watan ne kuma wata kotun tarayya a Legas ta ɗaure 'yan fashin teku 10 shekara 12 kowanne, a ƙarƙashin dokar yaƙi da fashin teku ta 2019.

Rundunar ta kuma samu sababbin jirage. NNS Lana, mai auna zurfin ruwa da zana taswirar ƙarƙashin teku, ya iso daga Faransa a 2021. NNS Oji a Legas aka ƙera shi, aka ƙaddamar da shi a watan Disambar 2021. NNS Kada, mai ɗaukar dakaru da motocin yaƙi, ya iso a 2022.

Yabon gwani ya zama dole, amma gaskiya ma dole ce. Da yawa cikin waɗannan tun kafin ya hau aka fara su. Dokar ta riga shi, odar jiragen ta riga shi, Deep Blue ma ba na rundunarsa kaɗai ba ne. Abin da za a ce shi ne ya gaji aiki, bai bar shi ya lalace ba, kuma a hannunsa sakamakon ya bayyana.

Akwai kuma ɓangaren da ba a cika ɗorawa a Facebook ba. A watan Afrilun 2022 ya ƙaddamar da wani farmaki a kan ɓarayin ɗanyen mai, aka sa masa suna da Hausa, Dakatar da Ɓarawo. An farfasa haramtattun matatu, an kama jiragen ruwa. Duk da haka, a watannin Agusta da Satumba na shekarar man da Najeriya ke haƙowa ya faɗi ƙasa da ganga miliyan ɗaya a rana, har Angola ta sha gabanmu. A watan Oktoba shugaban NNPC na lokacin, Mele Kyari, ya bayyana cewa an gano wani bututun sata mai tsawon kilomita huɗu a yankin Forcados, wanda ya ce ya shekara tara yana aiki. Sai da gwamnati ta ɗauki kamfanin tsohon ɗan tawayen Neja Delta, Tompolo, kwangilar gadin bututu. A watan da aka gano bututun nan, a watan ne aka rataya wa shugabannin rundunoni CFR. Duka biyun gaskiya ne, kuma ya kamata mai karatu ya riƙe su tare.

"Ina tekun yake a Kano?"

In kana amfani da Twitter a watan Satumban 2021 za ka tuna wannan rigima. Labari ya fito cewa sojin ruwa za su kafa sansani a Kano, Gwamna Ganduje ya ba su fili hekta 100 a Dawakin Tofa. Nan take aka cika intanet da hotunan jirgin ruwa a kan yashi. Dattijon Neja Delta, marigayi Edwin Clark, ya fito ya soki matakin. Wasu suka ce Gambo ya ja wa garinsu ne kawai.

Bayanin rundunar shi ne makaranta ce ta koyar da harkar tanadin kaya da jigilarsu, wadda aka ciro daga kwalejin kuɗi da tanadin kaya da ke Owerrinta a jihar Abiya. Irin wannan makaranta aji take buƙata da rumbu, ba tashar jirgi ba. Kana da damar ka tambayi dalilin da ya sa aka zaɓi jihar shugaban rundunar, tambaya ce mai kyau. Amma dariyar da aka yi ta tona wani abu da ke zukatan 'yan kudu da 'yan arewa baki ɗaya, wato tunanin cewa aikin ruwa na mutanen bakin teku ne. Tunanin Kawu ke nan.

Tarihi bai goyi bayan Kawu ba. An kafa rundunar ranar 1 ga Yunin 1956, kuma tun 1963 wani saurayi daga Mayo Belwa, Murtala Nyako, ya shige ta, ya yi horo a Dartmouth ta Ingila. Shi ne gwamnan soja na farko a jihar Neja a 1976, ya shugabanci sojin ruwa daga 1990 zuwa 1992, daga baya muka san shi da Baba Mai Mangwaro, gwamnan Adamawa. Ke ma 'yar'uwa ban manta da ke ba. A 2012 Itunu Hotonu ta zama mace ta farko da ta kai Riya Admiral a Najeriya. A 2017 Jamila Malafa, lauya 'yar Adamawa, ta zama mace ta farko daga Arewa da ta kai Komodo. Yau ma rundunar tana da sansani a Baga, bakin Tafkin Chadi, inda babu ko ɗigon ruwan gishiri.

Mu dawo gida

Ka tsaya a bakin gulbi a Gummi da damina ka kalli ruwan nan. Gulbin Zamfara ne, ya biyo ta ƙasar Anka, zai wuce mu ya gangara Jega, ya haɗe da Gulbin Sakkwato, ya faɗa Kwara, ya bi ta Lokoja har ya zube a Tekun Atlantika. Ruwan garinmu ya san hanyar teku, mu ne ba mu sani ba.

Kuma ruwa yana cinmu a nan gida. A watan Satumban 2024, bayan ambaliyar da ta raba dubban mutane da gidajensu a Gummi, wani kwale-kwale ɗauke da manoma masu zuwa gona ya kife, gomman mutane suka rasu. Allah ya jiƙansu. Duk wanda yake gari a lokacin ya ga yadda masu iyo na gargajiya suka yi ta nutso suna lalubo gawarwaki. Kula da lafiyar sufurin koguna aikin hukumar NIWA ne da gwamnatin jiha, ba na sojin ruwa ba. Na kawo maganar ne domin a daina cewa mu ba mutanen ruwa ba ne. Muna da masunta, muna da masu fito, muna da yaran da suka iya iyo kafin su iya karatu. Abin da muka rasa shi ne namu a wuraren da ake koyon ilimin ruwa na zamani, irin su ceto da nutso da tuƙin jirgi da gyaran injinsa.

To ta ina ake shiga? Ƙofa uku ce.

Ta farko ita ce NDA, wadda Gambo da Idi Abbas suka bi. Ana buƙatar kiredit biyar har da Turanci da lissafi, ka rubuta JAMB ka zaɓi NDA, ka ci jarrabawar tantancewa, sannan ka je gaban kwamitin zaɓe a Kaduna inda za a gwada lafiyarka da ƙarfinka da kaifin tunaninka. A sanarwar shekarun nan ana neman mai shekara 17 zuwa 21, kuma akwai ƙa'idar tsayi. Kowace jiha tana da nata kaso, wato da 'yan Zamfara za ka yi takara a kan gurbin Zamfara.

Ta biyu ta masu digiri ko babbar difloma ce, wadda ake kira DSSC. Likita, injiniya, lauya, malami, har da irina mai karanta aikin jarida, ana ɗaukarsu a ba su horo na 'yan watanni su fito hafsoshi a fanninsu.

Ta uku ita ce ta kurata, masu takardar sakandare da makamantanta, waɗanda ake horarwa a Onne ta jihar Ribas. Wannan ba ta hafsoshi ba ce, amma aiki ne mai albashi da sana'a.

Ga gargaɗi, kuma da ciwo a raina nake yin sa. Wani abokina da muka yi sakandare tare ya sayar da babur ɗin da yake acaɓa da shi, ya tura kuɗin ga wani da ya haɗu da shi a Facebook, mai hoton kaki a shafinsa, wanda ya yi masa alƙawarin gurbi. An turo masa takardar kira mai tambari, ya nuna wa kowa a unguwa, har an fara ce masa soja. Ranar da ya shirya tafiya lambar ta daina shiga. Yau ba babur, ba kaki, kuma kunya ta hana shi zama a majalisa. Rundunar ta sha nanata cewa cike takardar neman shiga aikin kurata kyauta ne, a shafinta na intanet ake yi. Duk wanda ya ce ka turo kuɗi ya sa sunanka, ɓarawo ne, ko da hotonsa ya fi na Gambo yawan lambobi.

Na san abin da za ka ce: sai mai uwa a gindin murhu. Ba zan rantse maka cewa babu alfarma a ƙasar nan ba. Na kuma san yaron Bukkuyum ko Anka da aka rufe makarantarsu saboda 'yan bindiga, ko wanda ya yi shekara uku bai ga malamin lissafi ba, ba daga layi ɗaya ya tashi da ɗan Abuja ba. Wannan haƙƙi ne a wuyan shugabanninmu, kuma ya kamata mu riƙa tambayarsu da irin zafin da muke yaɗa hotuna. Amma gurbin jiharmu yana nan duk shekara, wani ne zai cike shi. In ba ka nema ba, ka sauƙaƙa wa mai alfarmar aikinsa.

Kafin in koma makaranta na zauna da ƙanen nawa muka buɗe sakamakon jarrabawarsa. Turanci ya samu, kimiyya ya samu, lissafi ne ya kāsa. Na ce masa, "Ka ga tekunka nan, ita za ka fara ƙetarewa." Yanzu ya yi rajistar sake zama, yana zuwa darasin yamma wurin wani malami a unguwarmu, da asuba kuma yana zagaya filin ƙwallo da gudu. Shekararsa 18, daidai shekarun Awwal Gambo ranar da ya shiga ƙofar NDA.

Kawu har yanzu yana tsokanarsa, in ya shigo gida sai ya ce, "Admiral, an dawo?" Sai dai Inna ta faɗa mani a waya cewa kuɗin rajistar daga aljihun Kawun suka fito.